Hotunan tarihin Koriya na halak: wace taska ce ta dace da aikinka?

Akwai wani zane da nake yawan komawa gare shi. 'Yan kokawa biyu ne a tsakiyar fili, ɗaya ya ciccibi ɗaya har ƙafarsa ta bar ƙasa. 'Yan kallo sun yi da'ira, wani ya kare fuska da mafici, wani ya ajiye hula a gabansa, ga takalman 'yan kokawar an jere a gefe. Can kuma ga wani yaro mai tallar alewa da farantinsa rataye a wuya, ya juya wa kokawar baya, shi ta cinikinsa yake. Kim Hong-do ne ya zana shi, wanda aka haifa a 1745 zamanin daular Joseon, kuma yana cikin wani kundi mai shafi 25 da ke Gidan Tarihin Ƙasa na Koriya a birnin Seoul. A cikin kundin dai akwai shafin makarantar ƙauye: malam zaune bayan ɗan teburinsa, tsumagiya a gefe, yaro ɗaya yana share hawaye, sauran suna ƙunshe dariya. Duk wanda ya zauna a makarantar allo ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan shafin.

To, ka ce kana so ka sa zanen nan a maƙalar Wikipedia ta Hausa, ko a littafin da za ka buga ka sayar, ko a bidiyon YouTube. Mai zanen ya rasu tun farkon ƙarni na 19, saboda haka babu magajin da zai ce nasa ne. Amma daga ina za ka ɗauko hoton? Nan ne aikin yake. Mutane da dama suna ganin duk abin da Google ya nuna musu kyauta ne, alhali Google ɗan jagora ne kawai, ya nuna maka ƙofar gida, bai ba ka kayan ɗaki ba. Wuraren da hoton Koriya na halak yake zaune kusan huɗu ne, kowanne da abin da ya fi ƙarfi a kai da kuma inda yake da rauni.

Kafin mu shiga, abu ɗaya ya kamata ya zauna a kai. Tsufan abu daban, izinin hotonsa daban. Idan zane ne shimfiɗaɗɗe a takarda ko siliki, aka ɗauke shi hoto kamar yadda yake, wata kotun tarayya a New York ta yanke a 1999, a shari'ar Bridgeman da Corel, cewa irin wannan kwafin bai haifar da sabon haƙƙin mallaka ba, kuma a kan wannan ra'ayi Wikimedia Commons, rumbun hotunan da Wikipedia ke amfani da shi, ke tafiya. Amma tulu ko gunki ko gini ba haka ba ne. Wanda ya ɗauki hoton tulun tangaran na zamanin Goryeo shi ya zaɓi haske da kusurwa, don haka hoton nasa ne, ko da tulun ya shekara 800. Wannan bambanci shi ne ya sa gidajen tarihi masu sakin hotunansu suke da daraja sosai.

Na fara da gidajen tarihin Amurka, domin su ne mafi sauƙin sha'ani. A Fabrairun 2017 gidan tarihi na Metropolitan da ke New York ya saki hotuna kimanin 375,000 a ƙarƙashin alamar CC0. Na Cleveland ya bi sahu a Janairun 2019, sai cibiyar Smithsonian a Fabrairun 2020 da hotuna miliyan 2.8. Ma'anar CC0 ita ce mai abu ya yafe haƙƙinsa ɗungurungum: ka sauke, ka yanke, ka canza launi, ka buga a bangon littafi, ka sayar, ba wanda zai tambaye ka. Ko ambaton suna ba dole ba ne, kodayake ni ban taɓa ganin dalilin da zai sa mutum ya ƙi faɗin inda ya samo abu ba. Hotunan kuma manya ne, tsaf-tsaf, da bayani da Turanci: sunan abu, ƙarninsa, girmansa, lambarsa ta rajista. Idan kana neman koren tangaran na Goryeo, daular da ta yi mulki daga 918 zuwa 1392, mai zanen tsuntsaye da gajimare, ko farar randar nan ta Joseon da suke kamantawa da cikakken wata, ko zanen addinin Buddha, ko labulen katako mai naɗewa da aka yi wa ado, to Metropolitan da Cleveland sun ishe ka.

Rauninsu a fili yake. Abin da ke hannunsu abin da masu tara kayan fasaha suka saya ne suka fitar, wato kayan fada da na gidajen ibada da na attajirai. Ba za ka samu garmar manomi ko tukunyar da talaka ke ajiye kimchi (jiƙaƙƙen kayan lambun Koriya) a ciki da yawa ba, kuma manyan taskokin ƙasar suna gida. Sannan ba kowane abu a shafinsu ne CC0 ba. Sai ka ga alamar a kan shafin abin da kansa, musamman a Smithsonian, inda wasu kayan sashen Asiya suke da sharuɗɗa na dabam. Kada kuma a ɗauka duk gidajen tarihin Turai haka suke. Gidan Tarihin Birtaniya da ke Landan yana da kayan Koriya masu kyau, amma lasisin hotunansa CC BY-NC-SA ne, wanda ya hana kasuwanci. Littafin Jikji, da aka buga da haruffan ƙarfe a 1377 a Cheongju, yana Babban Laburaren Faransa a Paris, kuma sharaɗin rumbunsu na Gallica shi ne amfani kyauta in ba don kasuwanci ba, in kuwa don kasuwanci ne sai an nemi izini an biya.

Wuri na biyu shi ne wanda na fi so, kuma shi ne mutanenmu suka fi tsallakewa saboda tsoron rubutun da ba su iya karantawa. Gwamnatin Koriya ta Kudu tana da lasisinta na kanta, KOGL, wanda su suke kira Gonggongnuri, a rubuce 공공누리. Ma'aikatar al'adu ce ta fito da shi a 2012 da nau'i huɗu. Na 1 ya ce ka ambaci tushe kawai, sauran duk an yarje maka, har kasuwanci da gyara. Na 2 ya ƙara da hana kasuwanci. Na 3 ya yarda da kasuwanci amma ya hana canza hoton. Na 4 ya haɗa hani biyun. Alamar ɗan akwati ce mai ɗauke da kalmar OPEN, yawanci a ƙasan shafi, kuma ko ba ka jin Koriyanci za ka gane lambar: 제1유형 shi ne nau'i na 1, haka har zuwa na 4. Wannan ɗan akwatin shi ne abu na farko da nake nema kafin ma in tsaya kallon hoton.

A nan ne zurfin yake. Gidan Tarihin Ƙasa, wanda ya koma sabon mazauninsa a unguwar Yongsan a 2005, ya saki ɗimbin hotunan kayansa da nau'i na 1. Kambunan zinariya na daular Silla, gumakan tagulla guda biyu masu zaman zurfin tunani da aka ware wa ɗaki na musamman a 2021, kundin Kim Hong-do da na fara da shi, zanen dutsen Inwang bayan ruwan sama da Jeong Seon ya yi a 1751, littattafan bukukuwan fada 297 da sojojin Faransa suka kwashe a 1866 suka dawo Seoul a 2011, duk a hannun wannan gida suke. Akwai kuma rumbun e-Museum, wanda ya tattara kayan gidajen tarihi masu yawa na faɗin ƙasar a wuri guda. A can za ka tarar da abin da Amurka ba ta da shi: hular gashin doki ta malamai, kayan saƙa, ludayi, allon wasa, takardun gado, tufafin hanbok na gaske da aka sa aka tsufar. Hukumar Kula da Kayan Gado ta Koriya, wadda ta sauya suna da tsari a Mayun 2024, ita ke da hotunan wurare: fadar Gyeongbokgung da aka gina a 1395, haikalin Haeinsa inda allunan katako sama da 81,000 na nassin Buddha, da aka sassaƙa a ƙarni na 13, suke jere, kaburburan sarakuna, ganuwar Hwaseong a Suwon. Sai kuma Gongu Madang na Hukumar Haƙƙin Mallaka, rumbu ne na ayyukan da wa'adinsu ya ƙare da waɗanda masu su suka sadaukar.

Wahalarsa biyu ce. Ta farko harshe. Shafukan Turanci sukan nuna kaɗan ne daga abin da ke na Koriyanci, kuma bincike da haruffan boko bai cika kamo komai ba. Dabarar ita ce ka buɗe maƙalar abin a Wikipedia, ka kwafo sunansa da haruffan Hangul, wato rubutun Koriyanci, ka liƙa a gurbin bincike. 김홍도 zai kawo maka Kim Hong-do, 청자 zai kawo koren tangaran, 한복 zai kawo hanbok. Ta biyu ita ce lasisin ba ɗaya ba ne. A e-Museum tulu biyu masu kama da juna za su iya zama ɗaya nau'i na 1, ɗaya na 4, domin gidaje daban ne suka ɗora su. Nau'i na 3 ma tarko ne ga mai haɗa bidiyo ko bangon littafi, tunda yankewa da rubutu a kai duk canji ne. Kuma KOGL na hukumomin gwamnati ne kawai. Gidan tarihi na Kansong, wanda Jeon Hyeong-pil ya kafa a 1938, mai zaman kansa ne, alhali a can ne asalin littafin Hunminjeongeum na 1446 yake, wanda ya bayyana yadda aka ƙirƙiro haruffan Hangul, tare da fitattun zane-zanen Shin Yun-bok. Irin waɗannan sai ka dogara da waccan ƙa'idar ta kwafin shimfiɗaɗɗen zane, ko ka rubuta musu.

Idan kuwa mutane kake nema, fuskoki da tituna da kasuwanni, sai ka juya ga tsofaffin hotunan kyamara, kuma mafi yawan waɗanda suke a sake suna Amurka. Laburaren Majalisar Dokokin Amurka yana da hotunan Seoul na farkon ƙarni na 20, ana rubuta wa da yawansu cewa ba a san wani hani a kansu ba. Wannan ba lasisi ba ne, shaida ce kawai cewa sun duba ba su ga mai haƙƙi ba, nauyin tabbatarwa yana wuyanka. Jami'ar Cornell ta saki hotunan da Willard Straight ya tara a 1904 da 1905, lokacin da ya zo ɗaukar rahoton yaƙin Rasha da Japan sannan ya yi aiki a ofishin jakadancin Amurka a Seoul. Hoton Sarki Gojong da Percival Lowell ya ɗauka a 1884 shi ma ya daɗe da fita daga haƙƙin mallaka. Na yaƙin Koriya kuwa, daga 25 ga Yunin 1950 zuwa tsagaita wutar 27 ga Yulin 1953, Taskar Ƙasa ta Amurka ce uwa, domin a dokarsu duk hoton da ma'aikacin gwamnatin tarayya ya ɗauka a bakin aikinsa na kowa ne. Saukar sojoji a Incheon a Satumban 1950, kwashe jama'a daga Hungnam a Disamba, zaman tattaunawar tsagaita wuta a Panmunjom, duk akwai su. Amma hoton da ɗan jarida ya ɗauka wa mujalla irin Life ba ya cikin wannan, ko da a fagen daga ɗaya suka tsaya da sojan.

A nan ina da damuwar da ta wuce doka. Waɗannan hotuna idon baƙo ne. Na yaƙi soja ne ya ɗauka, shi ya rubuta bayanin, kuma ɓangare ɗaya ya tsaya. Katunan wasiƙa na zamanin mulkin Japan, 1910 zuwa 1945, da yawansu shirya su aka yi don a nuna Koriya a matsayin ƙasar da ta ci baya, mai jiran a waye ta. Mu da muka san yadda kyamarar Turawan mulkin mallaka ta nuna kakanninmu bai kamata mu ɗauki irin wannan hoton mu liƙa ba tare da faɗin wanda ya ɗauka da shekarar da dalilinsa ba. Wajen bincike kuma a tuna sunaye sun sha sauyi. Tsohon rubutu zai ce Corea ko Chosen, Keijo maimakon Seoul, Fusan ko Pusan maimakon Busan, Chemulpo maimakon Incheon. Tsarin rubuta Koriyanci da boko na yanzu a shekarar 2000 aka kafa shi, gidajen tarihin waje da yawa kuma har yau Chosŏn da Koryŏ suke rubutawa. In ka gwada suna ɗaya bai kawo ba, gwada ɗan'uwansa.

Na huɗu shi ne Wikimedia Commons, kuma da gangan na bar shi a baya, duk da cewa nan yawancinmu muke farawa. Commons kasuwa ce, ba gona ba. Abin da ke cikinta daga waɗancan wurare uku aka kawo shi, haɗe da hotunan matafiya da na masu sa kai. Alherinta babba ne: ba ta karɓar komai sai wanda aka yarda a yi kasuwanci da shi a kuma gyara shi, don haka babu NC mai hana kasuwanci, babu ND mai hana gyara, kuma cikin nau'o'in KOGL huɗun nan na 1 kaɗai ke shiga. An riga an yi maka tankaɗe. Ga mai rubutu a Wikipedia ta Hausa ma babu wata hanya, sai hoton ya bi ta nan. Ita ce kuma ta fi kowa hotunan al'adar yau: abinci, bukukuwan Chuseok da Seollal, raye-rayen rufe fuska, masu kiɗan gayageum. Da yawa daga cikinsu daga shafin Flickr na Korea.net aka kwaso su da lasisin CC BY-SA 2.0, wanda ke nufin ka ambaci mai hoto, kuma in ka gyara shi ka saki gyararren da irin lasisin.

Sai dai kowa na iya ɗora hoto, kuma kowa na iya kuskure. Za ka ga hoton da aka rubuta wa "aikina ne" alhali daga littafi aka kwafo shi, ko shekara da ba daidai ba, ko kwafi ƙarami mai dishi-dishi alhali babbansa na nan a gidan tarihin. Al'adata ita ce in gangara ƙasan shafin fayil in duba layin tushe, in bi shi har gida. In ya kai ni shafin gidan tarihi na ga alamar da idona, hankalina ya kwanta. In ya kai ni wani shafin da ba a san mai shi ba, na bar shi, don ba na cinikin biri a sama. Su Unsplash da Pixabay da Pexels kuwa ba zan daɗe a kansu ba: suna da kyawawan hotunan fada da titunan Seoul, amma lasisinsu nasu ne na kansu, bayanin da ke ƙarƙashin hoto bai da tabbas, kuma sun fi dacewa da ado fiye da tarihi.

Yanzu ga ramin da ya fi cinye mutane, ko daga wace taska suka fito. Kama da wane ba ta wane. Hoton Sarki Sejong da kowa ya sani, wanda aka ɗauko fuskar takardar kuɗin Koriya ta won 10,000 daga gare shi, ba zanen ƙarni na 15 ba ne. Kim Ki-chang ne ya zana shi a 1973, ya kuma rasu a 2001. Sanannen hoton sarkin yaƙin ruwa Yi Sun-sin shi ma Jang Woo-seong ne ya zana a 1953, ya rasu a 2005. Tun 1 ga Yulin 2013 wa'adin haƙƙin mallaka a Koriya ta Kudu ya zama shekara 70 bayan rasuwar mai aiki, a da 50 ne, kuma ƙarin bai farfaɗo da wanda ya riga ya ƙare ba. Shi ya sa a dokarsu zanen Lee Jung-seob, da ya rasu a 1956, ya zama na kowa, amma na Park Soo-keun, da ya rasu a 1965, sai bayan 2035. Haka zancen mutum-mutumi da gine-ginen zamani. Dokar Koriya ta Kudu ta bari a ɗauki hoton abin da ke tsaye a fili, amma ba don a sayar da kwafinsa ba. Saboda haka mutum-mutumin Sejong da aka kafa a dandalin Gwanghwamun a 2009, da na Yi Sun-sin na 1968 da ke gabansa, da ginin Dongdaemun Design Plaza na Zaha Hadid, ba su cika sharaɗin Commons ba, ko da kai ka ɗauka da wayarka. Fadar Gyeongbokgung da ke bayan mutum-mutumin nan biyu kuwa, tsohuwar ƙira ce, ba ta da wannan matsala. Fuskar mutum mai rai ita ma da nata haƙƙin: lasisin CC a kan hoton mawaƙiya izinin mai kyamara ne, ba izininta ba ne na ka yi tallar kayanka da ita.

To wanne za ka zaɓa? In littafin sayarwa ne ko bangonsa, ko wani abu da kuɗi zai shiga, fara da CC0 na Metropolitan da Cleveland, in ba su da shi ka wuce KOGL nau'i na 1, ka kauce wa duk mai NC ko nau'i na 2 da na 4. Bidiyon da aka kunna wa talla ma ka ɗauke shi kasuwanci ne, kada ka yi wa kanka fatawa mai sauƙi. In darasi ne a aji ko takardar makaranta da ba za a sayar ba, ƙofa ta fi faɗi, har na Gidan Tarihin Birtaniya da Gallica sun shigo. In Wikipedia ce, duba Commons tukuna, in babu sai ka ɗauko daga Gidan Tarihin Ƙasa ka ɗora da kanka, ka amfani wanda zai zo bayanka. In kuwa so kake ka nuna yadda Bakoriye ya rayu, ya noma, ya yi karatu, ya yi wasa, to ka daure da Hangul ɗin ka shiga rumbunan Koriya, babu mai maye gurbinsu.

Duk wanda ka ɗauka, rubuta abu huɗu a ƙarƙashinsa: sunan aiki, mai shi, inda ka samo, da lasisi. Ka kuma ɗauki hoton shafin da alamar lasisin a ranar da ka sauke, ka adana tare da fayil ɗin. Lasisin CC ba a janye shi daga wanda ya riga ya karɓa, amma shafuka suna sauyawa, kuma wannan ɗan hoton shi ne shaidarka. A ƙarƙashin 'yan kokawar nan abin da nake rubutawa shi ne: Kim Hong-do, Ssireum, ƙarni na 18, Gidan Tarihin Ƙasa na Koriya, KOGL nau'i na 1.